Yadda ake raba haƙƙin gida da haƙƙin layi ba tare da an ɓata zumunci ba

Yawancin ƙarar da ake kawo wa kwamitin layinmu a Tudun Wada ta Kaduna ba ta mugayen mutane ba ce. Mutum biyu ne, kowanne da gaskiyarsa. Mai gida ya ce da guminsa ya sayi gidan, ba mai hana shi kunna janareta ko kafa rumfar biki. Maƙwabci kuma ya ce shi ma yana son barci, yana son hanyar wucewa. Na daɗe ina riƙe da littafin kwamitin, kuma ga hanyar da na ga tana ɓullewa.

Kafin ka yi komai, tambayi kanka: abin nan zai tsaya a cikin katangata, ko zai tsallaka? Fentin da ka shafa wa gidanka, addinin da kake bi, baƙon da ka saukar, sana'ar da matarka take yi a tsakar gida, duk naka ne, kuma duk wanda ya sa maka baki a ciki ya yi shisshigi. Amma hayaƙi da ƙara da ruwan wanki ba su san katanga ba. Da zarar abu ya isa hancin wani ko kunnensa ko ƙofar gidansa, ya zama na ku biyu. Malamanmu suna yawan kawo hadisin da ya ce babu cuta babu cutarwa, kuma dokar ƙasa ma haka ta tsara. Kundin tsarin mulki na 1999 ya ba kowa 'yancin addini a sashe na 38, na faɗin albarkacin baki a 39, na taro a 40, na zirga-zirga a 41. Sai sashe na 45 ya ce doka za ta iya taƙaita su saboda lafiyar jama'a, ko tsaro, ko kare haƙƙin wasu.

Biki ne ya fi haɗa mu faɗa, don haka bari in tsaya a kansa. Idan za ka aurar da 'ya ko ka yi suna, kuma tsakar gida ba za ta ɗauki jama'a ba, kada maƙwabta su wayi gari su ga kanofi da kujeru sun cika layi. Tun saura kwanaki ka taka da ƙafarka gida gida, kada ka aiki yaro. Ka yi sallama, ka ce, "Alhaji, ranar Asabar za mu ɗan matsa muku, daga la'asar zuwa magariba, a yi mana haƙuri." Mutumin da aka nemi alfarmarsa, shi zai ara maka tabarma. Wanda aka yi wa ba-zata kuwa, ko ɗan gilma masa aka yi sai ya ji an raina shi.

Sannan ka bar hanya. Ka jera kujeru a ɓangare ɗaya yadda Keke Napep zai iya ratsawa, ka sa matashi ɗaya ko biyu a bakin layi su riƙa nuna wa masu mota inda za su ajiye. A kowane layi akwai mai ciki da ta kusa haihuwa, akwai tsohon da ciwo kan tasar masa da dare, kuma mutuwa ba ta duba ranar bikin kowa. Ya tabbata a hadisi cewa idan aka yi saɓani a kan hanya, a bar faɗinta zira'i bakwai. Tun wancan zamanin an san hanya ba ta wanda ta bi ta ƙofarsa ba ce. Lasifika kuma a juya bakinta cikin taron, ba gidajen mutane ba, a kashe ta a lokacin da aka yi alkawari. Washegari da safe a share layi, a kwashe ledojin ruwa kafin iska ta kai su kwata.

Kwata ita ce abin da ya fi damuna, domin cutarta ba ta bayyana sai damina. Mutum ya ɗora shago a kan magudanar ruwa, ko ya riƙa zuba shara a ciki da dare, ya ce ai gaban gidansa ne. A watan Agusta ruwan ya rasa hanya ya shiga ɗakin wanda ke gangare, wanda bai ci ba bai sha ba. Mazauna Kigo Road da sauran unguwannin da ke bakin Kogin Kaduna sun san ambaliya ba labari ba ce. Idan za ka ƙara gini ta wajen titi, nemi izinin KASUPDA, hukumar tsara birane ta jihar Kaduna, tukuna. Ka kuma tuna Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta sa filayen jiha amana ne a hannun gwamna, takardarka ta iyakar filinka ce, ba ta haɗa da layi ba.

Idan kai ne aka matsa wa, bi matakala. Fara zuwa kai kaɗai, da rana, ba a lokacin da janaretan ke ruri ranka kuma a ɓace ba. Ka je da mafita a hannu: a matsar da shi daga jikin tagarka, a sa masa bututun da zai kai hayaƙi sama, a kashe shi ƙarfe goma sha ɗaya. Bai ji ba, ka koma da dattijon da yake jin nauyinsa, ko limami, ko fasto. Daga nan sai mai unguwa. Hukuma, irin su KEPA mai kula da muhalli, ita ce ta ƙarshe, domin maƙwabcin da ka kai ƙara gobe ma za ku haɗu a wajen jana'iza. Kada ka fara da sa hotonsa a Facebook ko a zauren WhatsApp na unguwa.

Yanzu ga kashedi ga ire-irenmu 'yan kwamiti, kuma da gaske nake. "Maslahar jama'a" magana ce mai daɗi, shi ya sa take da sauƙin zama sanda. Na ga inda aka kulle ƙofar layi ƙarfe goma ba a bar kowa da makulli ba, ma'aikaciyar jinya mai aikin dare ta rasa hanyar shiga gidanta. Na ga an yanka kuɗin 'yan sintiri daidai wa daida tsakanin mai bene da bazawara mai sayar da ƙosai. Sashe na 45 doka ya ambata, bai ambaci kwamiti ba. Ƙarfinmu yardar mutane ce kawai, saboda haka a kira kowa taro, har da 'yan haya, a nemi ra'ayin mata ta bakin wakilarsu, a ji ta bakin wanda dokar za ta fi takura wa kafin a zartar.

Kuma doka ta hau kan kowa. Kaduna ta ɗanɗana rikicin 2000 da na 2002, bayansu mutane da yawa suka yi ƙaura, Musulmi suka fi taruwa a arewacin kogi, Kirista a kudu. A unguwannin da har yanzu ake zaune a cakuɗe, irin su Barnawa da Kakuri, idan an ce a rage ƙarar lasifika da dare, to ya shafi wa'azi ya kuma shafi addu'ar dare ta coci. Ranar da aka ɗaga wa ɓangare ɗaya ƙafa, dokar ta mutu.

Duk abin da aka amince, sakatare ya rubuta: lokacin kulle ƙofa, wa ke riƙe da makulli, nawa kowane gida zai bayar, wa aka yafe wa. A karanta a gaban jama'a, mai unguwa ya sa hannu, a kuma sa ranar da za a sake zama bayan damina don a gyara abin da ya takura wa wani.