Kar a kai tsohuwar kwamfutar nan haraj (kasuwar gwanjo), ga yadda za a ciro hirar MSN daga cikinta

'Yan uwa mazauna Makka da Jidda, duk wanda ya yi zamanin MSN Messenger, manhajar hira da kiran bidiyo ta kwamfuta, ya san abin da nake nufi, ka ɗora 'yar kyamarar nan mai kama da ƙwallo a saman kwamfuta, hoto ya daskare ya dawo ya sake daskarewa, amma a haka muke ganin fuskar Hajiyarmu, ƙanina ya kai ta kafen intanet a Kano mu kuma muna Shara Mansur a Makka mun cika ɗaki kowa na leƙe. A 1999 aka buɗe wa jama'a intanet a Saudiyya. MSN ya tafi tun 2013, Yahoo Messenger ya bi shi 2018, Skype ma an rufe shi a Mayun 2025, to abin da ya rage mana yana cikin hadis ɗin kwamfutocinmu, wato hard disk, ma'ajiyar bayanan kwamfuta.

Da farko kar ka wahalar da kanka sai ta kunnu. Zare wuta, kwance murfi, ciro hadis ɗin. Duba bayansa, in ka ga allurai 40 a layi biyu IDE ne, in siririn baki ne SATA ne. Ka sayi adafta mai juya shi zuwa USB a shagon kwamfuta, amma ka tabbata da cajarta, babban hadis yana son wuta bolt 12, USB kaɗai ba ya tada shi.

Da ka jona, in Windows ta ce a yi fomat ka ce a'a! Don Allah a kula da nan, in ka yarda komai zai goge. In kuma ka ji yana ƙas ƙas ka kashe nan take, ka kai wa ƙwararre ka zauna a gabansa, sirrin gida ne a ciki.

In ya buɗe, shiga Documents and Settings, sunanka, My Documents, My Received Files, can ciki akwai History. Hirar kowane mutum tana fayil ɗinta na XML, matuƙar ka kunna ajiyar hira a lokacin. Bidiyon kiran shi kam MSN bai ajiye ba, sai hotunan da ka ɗauka, neme su a My Pictures. Kwafe komai wuri biyu.

Ni a nawa na samu hotunan Hajiya uku, dishi-dishi, da hirar da ƙanina ke rubuta mata tana cewa in rage shan shayi da dare. Allah Ya jiƙanta.