Yadda ake binciko tarihi da labarin ƙasa na taunland ɗaya a Ailan

Duk mai neman asalin wani dangi a ƙasar Ailan, ko ɗalibin da aka ba aiki kan ƙauyukanta, sai ya ci karo da wani ɗan yanki da ake kira taunland, a harshen Airish kuma baile fearainn. Shi ne mafi ƙanƙanta a tsohon rabon ƙasar, kuma akwai fiye da 60,000 a tsibirin, kudu da arewa. Ba gari ba ne, ba shi da mai unguwa balle ofis. Gonaki ne da 'yan gidaje, da iyaka sananniya, da suna. Amma takardun haraji da na ƙidaya da na hayar gona duk da sunansa aka tsara su. Shi ya sa nake ganin wanda ya fara da sunan dangi ya ɗauko aikin ta baibai; da ƙasar ake farawa. Zan yi misali da Dunganstown na gundumar Wexford, inda kakan mahaifin shugaban Amurka John F. Kennedy ya taso ya yi ƙaura zuwa Boston a shekarun babbar yunwar da ta fara a Ailan a 1845.

Mataki na farko, ka tabbatar da wanne kake nema. Sunaye suna maimaituwa ƙwarai. Akwai wani Dunganstown a gundumar Wicklow, wanda ba ruwansa da su Kennedy. Abin da ke raba gardama shi ne jerin yankunan da ke samansa: gunduma, wadda 32 ne a tsibirin, sai baroni (wani yanki na gunduma), sai farish na hukuma (ƙaramin yanki da ya haɗa taunland da yawa). Namu yana farish ɗin Whitechurch a baronin Shelburne, kudu da garin New Ross, kusa da kogin Barrow. Shafin townlands.ie zai ba ka wannan jeri tare da faɗin wurin da sunayen maƙwabtansa. Ka rubuta maƙwabtan su ma, domin mutanen karkara a nan kusa suke aure, a nan kusa suke karɓar hayar gona. Ka kuma sani farish na hukuma daban yake da na cocin Katolika. Sau da yawa sunansu da iyakarsu ba sa haɗuwa, kuma rajistar baftisma da aure na Katolika farish ɗin coci take bi.

Na biyu, suna. Yawancin sunayen nan na Airish ne da aka rubuta da bakin Turanci, kuma suna faɗin yadda wurin yake. Wanda ya fara da Bally mazauni ne, Knock tudu, Drum doguwar tunga, Derry kurmin itacen ok. Kil yana da tarko: wani lokaci coci yake nufi, wani lokaci daji, don haka kada ka yanke hukunci da kunne. Ka shiga logainm.ie, rumbun sunayen wurare na ƙasar, ka ga tsoffin rubuce-rubucen sunan da shekarunsu. In wurin a Ailan ta Arewa yake, jami'ar Queen's da ke Belfast ta yi irin wannan aiki. Sunayen da ke ƙarewa da town, irin na misalinmu, sun yi yawa a Wexford, kuma ba abin mamaki ba ne: a gaɓar wannan gunduma Normawa, maharan da suka ƙetaro daga Birtaniya, suka sauka a 1169.

Na uku, taswira, kuma a nan ya kamata ka daɗe. A 1824 aka fara aikin auna Ailan baki ɗayanta a ma'aunin inci shida ga mil ɗaya, ƙarƙashin Thomas Colby, aka gama buga taswirorin a 1846. Richard Griffith ne ya jagoranci tantance iyakoki, masanin harshe John O'Donovan kuma ya zagaya yana jin sunaye daga bakin mazauna. Darajar wannan taswira ita ce an zana ta gab da babbar yunwar da ta fara a 1845, lokacin da karkara ke cike maƙil da mutane. Shafin GeoHive yana ba ka damar ɗora ta kan hoton sama na yau. Ka bi iyakar a hankali ka ga abin da take bi: rafi, tsohuwar hanya, shingen duwatsu ko bakin dausayi. Sai ka ƙirga gidajen da ke kan tsohuwar taswira waɗanda yau babu su.

Faɗin wurin ma magana ne. Matsakaicin taunland bai wuce eka ɗari uku da 'yan kai ba, amma akwai wanda bai kai eka ɗaya ba, akwai kuma masu fiye da eka 7,000 a duwatsun yamma. Dalili shi ne mutanen zamanin da sun raba ƙasa gwargwadon abin da za ta iya ciyarwa, musamman shanu. Ƙasa mai albarka sai a yanka ta ƙanana, dutse da dausayi kuwa a bar su da faɗi. Kafin ka buɗe littafi ko ɗaya, girman wurin ya riga ya gaya maka irin rayuwar da aka yi a kansa.

Na huɗu, wa ya mallaka, wa ya noma. In kana son komawa can baya, akwai awon da William Petty ya yi tsakanin 1656 da 1658, bayan yaƙin da Cromwell, jagoran sojan Ingila, ya kai Ailan, don a raba wa sojoji da masu bin gwamnati bashi filayen da aka ƙwace. Kwalejin Trinity ta Dublin ta sa shi a intanet. Sai littattafan zakkar coci na 1823 zuwa 1837, kuɗin da manoma ke biya wa cocin Angilika ko da su Katolika ne. Amma ginshiƙin aikin shi ne kimantawar Griffith ta 1847 zuwa 1864, wadda ake samu kyauta a askaboutireland.ie. Kowane layi yana ba ka lambar fili, sunan wanda ke zaune a kai, sunan wanda ya ba shi haya, abin da ke wurin, faɗinsa, da ƙimarsa a fam da sule da kwabo. Lambar filin tana kan taswirar da ke tare da littafin, don haka kana iya sa yatsa a kan gona ka ce wane ne ya noma ta.

Abu biyu suna ɓatar da masu bincike a nan. In ka ga kalmar offices, ba ofisoshi ake nufi ba, garke ne da rumbu da ɗakin ajiya. Sannan ekar ba ɗaya ba ce: littattafan zakka sau da yawa da ekar Airish suka yi awo, wadda ta kai kusan eka ɗaya da kashi 62 cikin ɗari ta Ingila, Griffith kuwa da ta Ingila ya yi. Wanda bai lura ba, zai ɗauka gonar mutum ta ƙaru, alhali ma'auni ne ya sauya.

Ka kuma riƙe a ranka cewa masu riƙe da fili da gida littafin Griffith ya rubuta. Yawancin mata, da yara, da yawancin 'yan ƙwadago marasa ko taƙi ba su da layi, kuma 'yan ƙwadagon nan da iyalansu yunwa ta fi ɗauka. Wannan gurbi yana damuna, kuma ina ganin duk mai rubuta tarihin taunland ya kamata ya faɗe shi a fili.

Na biyar, ƙidaya. Mutanen tsibirin sun haura miliyan 8 a 1841, suka faɗo kusan miliyan 6 da rabi a 1851. Rahoton ƙidayar 1851 da aka buga ya jera adadin mutane da gidaje na kowane taunland a waɗannan shekaru biyu, sai ka ga da idonka yadda abin ya taɓa wurinka. Takardun gida-gida na 1821 zuwa 1851 kuwa yawancinsu sun ƙone a Yuni 1922, lokacin da ma'ajiyar takardun hukuma da ke Four Courts a Dublin ta kama wuta a farkon yaƙin basasa. Na 1861 zuwa 1891 gwamnati da kanta ta lalata. Na 1901 da 1911 kusan duk suna nan a shafin ma'ajiyar tarihi ta ƙasa: suna, shekaru, addini, sana'a, iya karatu, jin Airish. Kada ka tsaya a takardar iyali kaɗai. Ka buɗe ta gini, wadda ta faɗi irin bango da rufi da yawan ɗakuna da tagogin gaba. Ta 1911 har ta tambayi matan aure 'ya'ya nawa suka haifa, nawa ke raye.

Na ƙarshe, abin da hukuma ba ta rubuta ba. Tsakanin 1937 da 1939 an sa 'yan firamare a gundumomi 26 na ƙasar, ban da Ailan ta Arewa, su tambayi tsofaffin unguwarsu su rubuta, kuma littattafansu suna duchas.ie. A ciki za ka sami sunayen gonaki ɗaya-ɗaya, rijiyoyin da ake girmamawa, da labaran yunwa. In Allah ya kai ka Ailan, ka je da tsohuwar taswira a hannu. A gangaren duwatsun yamma har yanzu ana ganin kunyoyin dankali ƙarƙashin ciyawa, a Dunganstown kuma gidan su Kennedy, wanda shugaban ya ziyarta a Yuni 1963, ya zama gidan tarihi. Sauran filayen gonakin mutane ne, don haka ka yi sallama ka nemi izinin mai gona kafin ka tsallaka shinge, ka kuma tambaye shi sunan da suke kiran kowane fili, ka rubuta shi kusa da lambar Griffith.