Yadda Ake Kallon Kokawar Sumo Daga Abuja

Duk mai son bin sumo, kokawar gargajiya ta Japan, ya fara da sanin lokacinta. Manyan gasanni shida ake yi a shekara, kowace ta kwana 15: a Tokiyo cikin Janairu da Mayu da Satumba, sai Osaka a Maris, Nagoya a Yuli, Fukuoka a Nuwamba. Agogon Japan yana gaban namu da awa 8, saboda haka karawar manya, wadda ake yi daga ƙarfe 4 zuwa 6 na yamma a can, takan kama daga ƙarfe 8 zuwa 10 na safe a Abuja. Wanda lokacin ya riske shi a cunkoson hanyar Nyanya, ya nemi taƙaitaccen shirin da tashar NHK World take sakawa a intanet.

Dokar ba ta da wuya. Wanda aka tura waje da da'irar da ake kokawa a cikinta, mai faɗin mita 4.55, ko wani sashe na jikinsa ban da tafin ƙafa ya taɓa ƙasa, an kayar da shi, kuma sau da yawa daƙiƙu kaɗan ke nan.

Shawarata ita ce kada ka tsallake abin da yake gabatar karawar, kamar yadda mai zuwa dambe ba ya ƙin sauraron kirari. Dubi yadda ɗan kokawa yake kurkure baki da ruwa, ya damƙi gishiri ya watsa a fili, ya ɗaga ƙafa sama ya buga ta ƙasa, al'adun da suka samo asali daga addinin Shinto. A nan ne za ka ga yadda baƙo, wato ɗan kokawar da ba ɗan Japan ba, ya rungumi al'adun sumo.

Akebono na Hawayi ta Amurka ne baƙon da ya fara zama yokozuna, matsayi mafi girma, a 1993, Hakuho ɗan Mongoliya kuwa ya ci kofi 45, abin da babu wanda ya taɓa yi. Osunaarashi ɗan Masar ya kai rukunin manya a 2013, ya kuma yi kokawa da azumin Ramadan a bakinsa. Sai dai kowannensu sai da ya karɓi sunan kokawa na Japan, ya zauna a gidan horo, ya koyi harshen, ya ɗaure gashinsa irin na mutanen dā. Tun 2002 baƙo ɗaya kacal aka yarda kowane gidan horo ya ɗauka, don haka idan mai sanarwa ya kira ɗan kokawa, kasa kunne ka ji garinsu da gidan da ya horar da shi.