Darasi na 9: Fim marar magana da girgizar ƙasar San Faransisko

Ɗalibai, yau karatunmu zai kai mu Amurka, shekarar 1906, lokacin da fim bai da sauti sam, hoto ne kawai baƙi da fari yana motsi, sai dai a rubuta ɗan bayani a jikin allo ko wani ya tsaya gefe yana faɗa wa mutane abin da suke gani.

Wasu 'yan uwan juna da ake ce wa Miles suka ɗaura kyamara a gaban taragon cikin gari a birnin San Faransisko, taragon na tafiya a titin Market kyamara na ɗauka, ga keken doki ga mota suna ta gilmawa, yara na gudu gaban kyamara suna ɗaga hannu, maza da huluna, mata da dogayen riguna, kowa na harkar gabansa. Kwana kaɗan bayan nan, da asubahin 18 ga Afrilu, ƙasa ta girgiza, wuta ta tashi ta yi kwana 3 tana ci saboda bututun ruwa sun farfashe. Mutum wajen 3,000 suka rasu, fiye da rabin mutanen garin suka rasa muhalli. Wallahi in ka san haka sannan ka kalli yaran nan sai jikinka ya yi sanyi, don ba ka san wanda ya tsira a cikinsu ba. Da aka dawo da kyamara titin, sai kango da toka da mutane a layi suna jiran abinci.

Amma fa ku lura, ba duk abin da aka haska lokacin ne na gaske ba. Kamfanin Biograph ya haɗa ƙaramin gari na kwali a ɗakin ɗaukar fim ya cinna masa wuta, aka haska wa jama'a kamar gobarar San Faransisko ce. Haka mai shirya fim Georges Méliès a Faransa ya ƙera nasa dutsen a 1902 don nuna aman wutar dutsen Pelée da ya hallaka mutanen garin Saint-Pierre a tsibirin Martinique.

Aiki: kowa ya kwafi kalmomin girgiza, kango, muhalli a littafinsa, ya rubuta 1906 da 3,000 da haruffa. Sannan ku zauna bibbiyu, ɗaya ya karanta sakin layi na biyu da ƙarfi, ɗayan ya rubuta jimla biyu da zai sa a allo da shi ne mai haska fim ɗin.