Ta ina za ka fara kallon Sophia Loren?

Mahaifina, Allah ya ji ƙansa, ya yi shekaru yana juya majigi a wani tsohon gidan siliman nan Garwa ta Kamaru, kuma Safiya yake kiran wannan 'yar wasan fim ta Italiya, sai ka ce 'yar maƙwabta. A wurinsa na gaji son finafinanta. Ga hanyar da nake ɗora ƙannena a kai idan sun tambaya.

Kafin ka kunna komai, san inda ta fito. An haife ta a birnin Roma a 1934, ta tashi a Pozzuoli, gefen Napoli, a gidan kakanninta, uba bai riƙe su ba. Yaƙin duniya na biyu ya same ta tana yarinya, yunwa ta ci ta har yaran unguwa suna kiranta tsinken sakace. Riƙe wannan a ranka, don duk sanda ka ga ta fito a matalauciya, ba koya mata aka yi ba.

Kada ka fara da finafinan da ta yi a Amurka. Baba cewa yake can sun mayar da ita 'yartsana. Nemi L'oro di Napoli na 1954, wanda Vittorio De Sica ya shirya, inda take sayar da fiza a bakin titi. Kalli tafiyarta da yadda take ɗaga murya. Za ka rantse ka taɓa ganinta a babbar kasuwa tana jayayya kan canji.

Nan ne nake kafewa: nemi wanda aka bar muryarta da Italiyanci, fassarar Faransanci a rubuce a ƙasan allo. Wanda aka ɗora wa muryar wata Bafaransa miya ce ba gishiri. Rabin wasanta a harshen mutanen Napoli yake, ko ba ka ji ba kunnenka zai kama zafinsa.

Sai La ciociara na 1960. Wannan ka zaɓi darensa. Uwa ce ta gudu da 'yarta daga Roma saboda ruwan bama-bamai, kuma kusa da ƙarshe sojojin Maroko da ke ƙarƙashin tutar Faransa suka yi musu aika-aika a cikin rusasshen coci. Ba na yara ba ne, ba kuma na kallo da surukai ba. Na taɓa kuskuren kunna shi da gwaggota a zaune. Ta tashi ba ta ce uffan ba, washegari ta ƙi amsa gaisuwata. Da shi Safiya ta ci kyautar Oska a 1962, karo na farko da aka ba ɗan wasa ita kan rawar da ba da Ingilishi aka taka ba. Ba ta ma je wurin bikin ba, tana gida a Roma.

Bayan wannan nauyi, huta da Matrimonio all'italiana na 1964, ita da Marcello Mastroianni. Mace ce ta yi kwanciyar mutuwa ta ƙarya don namiji ya aure ta bayan ya ci ƙuruciyarta. Mata za su yi shewa.

Labarin aurenta da Carlo Ponti, wanda ya girme ta da shekara 22, da kwana 17 da ta yi a kurkuku a 1982 kan haraji kafin kotun ƙoli ta wanke ta a 2013, bar su sai ka gama kallo. In ka fara da tsegumi, shi za ka riƙa gani a fuskarta.

Rufe da La vita davanti a sé na 2020, wanda ɗanta Edoardo ya shirya. Tana da shekara 86 ya fito, tsohuwa ce da ke riƙon wani maraya Musulmi ɗan Senegal. Yana kan Netflix. Sauke shi da tsakar dare lokacin da intanet ke gudu, ka cika waya da caji tun da rana, don a watan Maris ɗin Garwa an taɓa ɗauke mini wuta saura minti goma a gama.