Darasi na Tara: Haɗa wa Yaro Littafin Waƙa da Hannunka

Littattafan yara masu ɗauke da waƙoƙi da aikin hannu suna da tsada, kuma ba kullum ake samun na Hausa ba ko da an shiga kasuwar Birnin Kebbi ko ta Jega. Wannan bai kamata ya sa uwa ko uba su naɗe hannu ba, domin duk wanda ya iya rubuta sunansa da gajerun jimloli a ajin yaƙi da jahilci, ya isa ya haɗa wa ɗansa littafi.

Koyarwa da waƙa ba baƙon abu ba ne a ƙasarmu. Nana Asma'u, 'yar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wadda ta rasu a 1864, da waƙa ta karantar da mata, jajoji, wato matan da ta horar don su koyar da wasu mata, suna haddace baitocinta suna kai wa 'yan'uwansu a ƙauyuka. Dalilin kuwa a fili yake: abin da baki ya saba rerawa, ido yakan yi saurin gane shi a rubuce. Saboda haka kada a fara da waƙar da yaro bai taɓa ji ba. A zaɓi waƙar reno da kakarsa take yi, ko ta gaɗa da 'yan mata suke yi a dandali, ko 'yar waƙar da ke tsakiyar tatsuniyar Gizo.

Za a nemi farar takarda falle 4, da kwalin sabulu ko na sukari, da almakashi, da zare da allura. A jera takardun, a ninke su biyu, sai su ba da shafi 16. A yanke kwalin ya ɗan fi su faɗi, ya zama bango. Daga nan a huda wuri uku a kan layin ninkin, a shigar da allura ta hudar tsakiya daga ciki, a fito ta ta sama, a tsallaka zuwa ta ƙasa, sannan a dawo tsakiya a ƙulle zaren da kyau. Ɗinki ya fi manni ƙarko, musamman da damina lokacin da danshi yake sa ƙaro ya saki.

Wajen rubutu ne ake bukatar haƙuri. A yi manyan baƙaƙe, layi biyu kawai a kowane shafin rubutu, a bar sarari tsakanin kalmomi, kuma a kula da ƙugiyar ƙ da ɗ da ɓ, domin yaro yakan kwafi abin da ya gani ne. Shafin da ke kallon rubutun a bar masa shi fari, ya zana kifi ko kwalekwalen masunta da kansa, ko da zanen bai yi kyau ba a idon babba.

Guntayen takardar da suka rage ma suna da amfani. Yaran da suka iya ƙera mota da karan dawa ba za su sha wuya ba wajen ninke takarda ta zama jirgin ruwa ko fanka, amma a riƙe almakashi a hannun babba in yaron ƙarami ne. A rubuta sunansa a jikin jirgin kafin a sa shi a kwanon ruwa.

Aikin gida: kowane ɗalibi ya zo aji na gaba da littafin da ya ɗinka, da waƙa ɗaya a rubuce a ciki, domin ya karanta wa malami da sauran ɗalibai.