Yadda na karɓo tifata bayan an kama ta da yashi

Jami'an tsaro sun kama tifata a bakin gulbi kusa da Argungu, domin mai wurin da direbana ya ɗebo yashi ba shi da lasisin da dokar ma'adinai ta 2007 ta wajabta. Roƙo a ofis bai yi amfani ba, tunda motar ta riga ta zama shaida a cikin ƙara. Lauya ya shigar da buƙata a kotu, muka haɗa takardun mallakar mota, da rasidin sayen yashin, da rantsuwar cewa mu masu saye ne, ba mahaƙa ba. Rasidin nan, a ganina, shi ya fi komai nauyi. Alƙali ya sake ta bisa sharaɗin in kawo mai tsaya mini, kuma kada in sayar da ita kafin hukunci.